Aljihun Rigar Kaka Dogo

4 ga Maris

Goggo,

Ina gaishe ki gaisuwar 'yar da ta daɗe ba ta leƙo ba, kuma ta san laifinta. Yaya ƙafar? Yaya keken ɗinki, har yanzu yana wannan kukan da ke hana maƙwabta barcin rana? Ni lafiyata ƙalau, sai murar da ba ta rabuwa da mu masu aiki a ɗakin sanyi na ajiyar fim. Na san kunnenki da waya ba sa shiri, shi ya sa na ɗauko takarda, don maganar ba ta ihu ba ce.

Kin sha tambayata wane irin aiki ne wannan da ake ce mini 'yar fim amma ba a taɓa ganin fuskata a talabijin ba. To ga shi. Idan kina kallon shirin tarihi, kika ga an nuno tsohon hoto mai motsi, baƙi da fari, to wani ne ya tono shi. Aikina ke nan. Ina shiga ɗakunan ajiya, in bi gwangwanayen fim da suka shekara hamsin a rufe, in gano wa ya ɗauka, yaushe, a ina, kuma wa ke da ikon ba da izini. Idan na tabbatar sai in sa hannu a takarda. In babu sa hannuna, hoto ba ya shiga shiri. Wato sunan Gafiya da kika laƙaba mini tun ina tone miki akwatin ƙyallaye, shi nake cin abinci da shi har yau. Kuma ba yabon kai ba, na iya aikin.

Yanzu ga abin da ya kawo ni. Gidan talabijin ɗinmu yana shirya fim a kan gobarar masaƙa, wadda ta ci mutum bakwai shekara hamsin da biyu da suka wuce. Ni aka ba neman hotuna. Bayan wata uku ina lalube, na gano zaren fim guda a ajiyar wani tsohon kamfanin labarai, suka mayar da shi na kwamfuta suka turo mini. Katin jikin gwangwanin ya ce an ɗauka ne ranar gobarar, daga tagar ofis, ana fuskantar bangon sito. A ciki akwai sakan goma sha ɗaya na wani dogon mutum cikin rigar aiki, da ɗaurin makullai a hannu, yana gudu a gindin bango, hayaƙi ya rufe komai. Na duba taswirar masaƙar. Daga wannan tagar, ɗakin saƙa inda wuta ta tashi yana hagu, ƙofar fita waje tana dama. Mutumin dama ya nufa.

Goggo, ni ban taɓa ganin Kaka Dogo ba, ko hotonsa babu a gidanmu. Abin da na sani shi ne abin da Babana ya gaya mini sau ɗaya, murya ƙasa-ƙasa: cewa mahaifinki, wan mahaifinsa, shi ke riƙe da makullan ƙofar baya ta ɗakin saƙa, kuma mutane sun ce ya gudu da su. Daraktan fim ɗin ya ga hoton nan ya ji daɗi. Yana so ya ɗora shi daidai inda mai ba da labari zai ce mai makullai ya tsere ya bar abokan aikinsa a kulle.

Na wanko hoto shida daga ciki, suna cikin ƙaramin ambulan. Ki duba ki gaya mini ko shi ne, don ke kaɗai kika rage a cikin waɗanda suka san fuskarsa. Ranar talatin ga Afrilu za a rufe aikin fim ɗin.

'Yarki,
Gafiya


15 ga Maris

Gafiya,

Takardarki ta iso, na amsa gaisuwa. Ƙafa da sauƙi. Keke yana nan, na ɗan ba shi hutu. Ki riƙa sa rigar sanyi a ɗakin nan naku, tun kina ƙarama ƙirjinki ba shi da ƙwari.

Na daɗe ina son sanin aikinki, yau na sani. Kin ce sai da sa hannunki hoto ke shiga. Ashe ke nan da hannun jininsa za a nuna wa duniya shi.

Shekarata goma sha huɗu lokacin. Bari in gaya miki abin da ba ya cikin gwangwaninki. Bayan gobarar an tarar da ƙofar baya a kulle, mutum bakwai a bayanta. An tarar da Baba zaune a wajen katanga, makullai a cinyarsa. Aka tambaye shi, bai ce komai ba. Aka sallame shi daga aiki, bai ce komai ba. Matan layinmu suka daina amsa gaisuwar Inna. A makaranta yarinyar da muke zama benci ɗaya ta kwashe littattafanta ta koma baya, mahaifinta yana cikin bakwai ɗin. Ban ƙarasa shekarar ba na bar karatu na kama ɗinki. Baba ya yi shekara tara a zaune a ƙofar ɗaki yana kallon ƙasa, har Allah ya ɗauke shi.

Mun binne maganar nan da ƙyar. Yanzu ga ki da fitila kin zo tono.

Ambulan ɗinki yana nan, ban buɗe ba. Ki yi aikinki yadda aka koya miki.

Goggonki


24 ga Maris

Goggo,

Ina gaisuwa, kuma na ji daɗi da ƙafa ta yi sauƙi. Rigar sanyi na saya, har biyu, ki kwantar da hankalinki.

Tun kafin in karanta na san rai a ɓace kika yi rubutun nan. Haruffanki sun yi manya-manya, layi yana gangarawa, ke da kike rubutu a miƙe kamar ɗinkin bakin zane. Na karanta sau uku, kuma na yi kuka a ofis, abin da ban taɓa yi ba.

Amma ba ki fahimce ni ba. Ban sa hannu ba, kuma ban rubuto don in sanar da ke an gama ba. Na rubuto ne don ba na sa hannu a kan abin da ban sani ba. Kati ya faɗi rana, ya faɗi wuri. Bai faɗi ko wane ne mutumin ba, bai kuma faɗi abin da ke ransa ba. Kalmar «ya tsere» ba a cikin hoton take ba, a bakin darakta take.

Na je na same shi na gaya masa mutumin nan wataƙila kakana ne. Gara ya ji daga bakina. Ya cire tabarau ya dube ni, ya ce, «To ai shi ke nan, kin zama mai son rai, ki ba wani aikin.» Na ce masa, «Ranka ya daɗe, shekarata goma sha ɗaya a gidan nan. Ni na hana ka saka hoton ambaliyar wata shekara a matsayin ta wata, ka ji haushina sati guda, daga baya ka gode mini. Ranar ba kakana ba ne a cikin ruwan.» Ya yi dariyar da ba ta kai ciki ba, ya ba ni zuwa ashirin da biyar ga Afrilu.

Ba zan ɓoye miki ba, Goggo. Idan shi ne, kuma hoton gaskiya ne, ba zan ce ƙarya ne don kakana ne ba. Mutum bakwai ɗin nan su ma suna da 'ya'ya da za su kalli fim ɗin. Abin da zan iya shi ne in tabbatar ba a ɗora masa ko kalma ɗaya da hoton bai ɗauka ba. Don in yi haka ina bukatar idonki. Ki buɗe ambulan ɗin, ko don ni.

'Yarki,
Gafiya


12 ga Afrilu

Goggo,

Ina fata lafiya ce ta sa shiru. Kwana goma sha tara ke nan ba amsa. Na kira wayarki sau ba adadi, a kashe. Na san fushinki, na ɗanɗana shi ranar da na yanka miki yadin amarya na yi wa 'yar tsanata riga, amma wancan kwana biyu ya yi.

Sakan goma sha ɗayan nan na kalle shi har na haddace. Hoto ɗari biyu da sittin da huɗu ne a jere, na bi su ɗaya bayan ɗaya. Na gwada tubalin bangon da na wani hoton sito, sun yi daidai. Na gwada rigar da ta sauran ma'aikata a takardun masaƙar, launi da ɗinki duk ɗaya. Na nemi mai ɗaukar hoton, ya rasu, ɗansa ba shi da labarin komai. Ban samu inda zan kama hoton nan da laifi ba, kuma Allah ya sani na nema.

Mai haɗa fim ya riga ya jera shi a wurinsa, yana jiran takardata. Jiya na wuce ta ƙofar ɗakinsa na ji muryar mai ba da labari tana cewa «ya tsere», na ga dogon mutumin yana gudu a allo. Na samu kujera na zauna.

Idan ban ji daga gare ki ba zuwa ashirin da biyar, zan sa hannu cewa hoton na ranar ne kuma na wurin ne, tun da gaskiya ne. Zan rubuta cewa ban san ko wane ne ba. Amma ni da ke mun san duk tsohon da ya zauna a layinku zai gane shi da kallo ɗaya. Idan hakan zai raba ni da ke, ki gaya mini da bakinki, kada ki bar ni da shiru.

'Yarki,
Gafiya


19 ga Afrilu

Gafiyata,

Na amsa gaisuwarki duka biyu, na ranar ashirin da huɗu da na ranar goma sha biyu, don tare na tarar da su a ƙarƙashin ƙofa. Lafiyata ƙalau, ta ma fi ta da.

Ke mai bin diddigi, kin ga rubutuna ya yi manya kika ce fushi ne. Fushin akwai, amma ba shi ya karkatar da layi ba. Yanar ido ce ta rufe mini gani tun bara. Takardarki ta farko da gilashin ƙara girma na karanta ta, kwana uku ina fama. Ambulan kuwa ƙarya na yi miki, ranar da ya iso na buɗe shi. Ban ga komai ba sai toka-toka. Tela da ba ta ganin ramin allura ba ta son a sani, shi ya sa na yi shiru. An yi mini aikin ido, na yi sati uku a gidan ƙawata, waya tana cikin jaka a kashe. Yanzu ina ganin har ƙurar da ke kan kabad, abin kunya.

Jiya da safe na fito da hotunan bakin taga. Shi ne. Wannan dogon wuyan da kunnuwan nan, ko a cikin mutum dubu zan fitar da shi. Na daɗe a zaune da shi a hannuna.

Sai dai akwai abin da ya tsaya mini. Wa ya ɗinka wa Baba wannan rigar? Aljihunta yana ƙirjin dama. Rigar aikin masaƙa aljihu ɗaya gare ta, a hagu, ni nake wanke ta, ni nake goge ta, ni na sake ɗinke bakin aljihun sau biyu saboda fensirin da yake sakawa. Ki kuma dubi hoto na huɗu, inda ya ɗan juyo. Gaban rigar ɓangaren dama ne ya hau kan na hagu. Haka ake yi wa rigar mata. Ta maza hagu ke hawa kan dama, shekara hamsin ina fasa ramin maɓalli, ba wanda zai koya mini wannan. Sannan makullan suna hannunsa na hagu. Baba ba bahago ba ne, ko kofin ruwa ba ya ɗauka da hagu.

Ni ban san aikinku ba. Amma a namu aikin, idan yadi ya fito haka, to an shimfiɗa shi ne a bai-bai kafin a yanka. Ki je ki duba naku.

Na ba direban motar safe takardar nan hannu da hannu, don na ga kwanakinki sun ƙure.

Goggonki


27 ga Afrilu

Goggo,

Sannu da jiki, Allah ya ƙara hasken ido. Zancen ɓoye mini aikin asibiti kuma mun ajiye shi, akwai ranar da za mu yi shi, ba za ki sha ba.

Takardarki ta same ni ranar ashirin. Ina karanta maganar aljihu, nan take na san abin da ya faru, na kuma san laifin wa ne. Nawa ne. Na duba tubali, na duba taswira, na nemi ɗan mamaci, amma ban je na riƙe zaren fim ɗin da hannuna ba. Na yarda da kwafin da aka turo mini saboda mutanen ajiyar nan ba su taɓa ba ni matsala ba. Wannan shi ne abu na farko da nake hana sababbin ma'aikata yi.

Washegari na hau mota, tafiyar awa biyar. Mai kula da ajiyar, wata dattijuwa mai tsauri irinki, ta ce sai an rubuto takarda an jira sati biyu. Na karanta mata sakin layinki na maɓalli. Ta dubi gaban rigarta, ta dubi na mai gadi da ke tsaye a ƙofa, ta miƙe ta ɗauko gwangwanin.

Zaren fim fuska biyu gare shi, Goggo, kamar yadi: ɗaya mai ƙyalli, ɗaya dishi-dishi. A gefensa akwai ƙananan lambobi da aka buga tun daga kamfani, su ke nuna ta inda ake kallo. Muka sa safar hannu, muka shimfiɗa shi a kan teburi mai fitila a ƙasa, muka juya shi har lambobin suka karantu daidai. Na ɗora gilashi. Aljihu yana hagu. Makullai suna hannun dama. Wanda ya mayar da shi na kwamfuta ya saka zaren a bai-bai, kuma da yake babu rubutu ko agogo a cikin hoton, sai bango da hayaƙi, ba wanda ya lura.

Kin gane abin da wannan ke nufi. Daga tagar ofis ƙofar fita tana dama, ɗakin saƙa yana hagu. Kaka Dogo hagu ya nufa. Wajen wutar yake gudu, da makullai a hannunsa.

Dattijuwar ta sa aka sake kwafin a gabanmu, ta rubuta shaida ta buga hatimi. Ranar ashirin da biyar na ajiye wa darakta duka biyun, na ce ya kalla. Ya kalli na farko, ya kalli na biyu, ya sake kallo. Can ya ce, «Wa ya gano wannan?» Na ce, «Wata tela.»

Ba mugun mutum ba ne, saurin son labari ne da shi. Kafin la'asar ya juye gaba ɗaya, yana so mai ba da labari ya ce jarumi ne da ya kutsa cikin wuta don ceton 'yan'uwansa. Nan ma na ƙi. Ya ce, «Ke wai me kike so? Kakanki ne fa.» Na ce abin da hoto ya ɗauka nake so, ba ƙari ba ragi. Sakan goma sha ɗaya ne. Bai nuna ya isa ƙofar ba, bai nuna abin da ya hana ta buɗuwa ba.

Ga abin da za a faɗa yanzu: «Mai makullai ya nufi ɗakin saƙa a guje. Abin da ya faru a bakin ƙofar, kyamara ba ta gani ba.» A kan wannan na sa hannu. Iyakar abin da zan iya ba ki ke nan, Goggo. Na san bai kai ba.

'Yarki,
Gafiya


6 ga Mayu

Gafiyata,

Na amsa gaisuwa. Ido yana ƙara washewa, keke ya koma kukansa, maƙwabta sun koma ƙorafi. Ki gaishe mini da dattijuwar nan mai gwangwani.

Kin ce bai kai ba. Ya kai, don sauran yana wurina, ni ce ban taɓa haɗa shi ba.

Kin taɓa tunanin ta yaya yarinya 'yar sha huɗu ta san gaban rigar mahaifinta haka? Ranar gobarar Baba ya dawo da tafin hannunsa na dama a ƙone, fata ta saɓule har yatsu. Mutane suka ce wajen haura katanga ya dafa ƙarfe mai zafi. Wata biyu ba ya iya saka maɓalli. Kullum da safe ni nake tsayawa a gabansa in saka masa, daga wuya zuwa ƙasa, guda shida. Yana kallona, ni ina kallon riga. Ban taɓa ɗaga kai ba, Gafiya. Ban taɓa ce masa, Baba, me ya ƙona ka ba. Ba matan layi kaɗai suka yarda ya gudu ba, ni ma na yarda. Kuma ya san na yarda.

Katangar masaƙar nan tana can nesa da wuta, na sha wucewa ta gefenta. Babu abin da zai yi zafi a jikinta. Ƙarfen da ya yi zafi ranar, kwaɗon ƙofar baya ne. Wannan ba na fim ɗinku ba ne, kada ki ba darakta, ba ni da hatimi. Ni dai na sani. Ina jin a wurinsa, tun da ƙofar ba ta buɗu ba, babu abin da ya rage da zai faɗa.

Na yi kuka kwana biyu, likita ya ce ba kyau ga sabon ido, na ce ya yi haƙuri.

Kin yi aikinki da kyau, kuma na ji daɗi da kika ƙi kalmar jarumi. Shi ma da ba zai karɓa ba.

Abu ɗaya nake so. Shekara hamsin da biyu babu hoton Baba a bangon ɗakina. Ki wanko mini na huɗun nan, inda ya ɗan juyo, babba yadda zan ga fuskarsa daga kan keke. Ki duba da kyau kafin ki aiko, aljihu a hagu. Ƙusar na riga na kafa.

Goggonki